A Biya Tukuna Ko A Saurari Kuka Tukuna? Tsohuwar Rigimar Haraji Daga Maska Zuwa Abuja

Ana saura makonni biyu sababbin dokokin haraji su fara aiki, a watan Disamban 2025, ɗan majalisar wakilai mai wakiltar Keɓɓe da Tambuwal a Jihar Sakkwato, Abdussamad Dasuki, ya miƙe a zauren majalisa ya ce abin da aka buga a gazet ɗin gwamnati ya saɓa da abin da majalisa ta zartar. Cikin wuraren da masu bin diddigi suka nuna da yatsa akwai wani sharaɗi da ke cewa duk wanda bai gamsu da hukuncin kotun ƙararrakin haraji ba, sai ya ajiye kashi 20 cikin ɗari na kuɗin da ake jayayya a kansu kafin babbar kotu ta saurare shi. Muhawarar da ta biyo baya duk ta karkata kan wa ya taɓa takardar, kuma ta cancanci a yi ta. Amma ni abin da ya tsaya mini a rai shi ne sharaɗin kansa, domin tambayar da ke ƙarƙashinsa ta girmi Najeriya: idan hukuma ta ce ana bin ka kaza, kai kuma ka ce ba haka ba ne, a hannun wa kuɗin za su zauna kafin a raba gardama?

Babu inda ya fi dacewa a bi sawun wannan tambaya kamar kudancin Katsina, daga Funtuwa zuwa Malumfashi, ƙasar auduga da masara da dawa. A can ne haraji da kasuwa da lokacin kaka suka daɗe a ɗaure da juna, har ya zama ranar da aka karɓi kuɗi a hannun mutum ta fi yawan kuɗin tasiri a rayuwarsa.

Ba Turawa ne suka kawo haraji ƙasar Hausa ba. Kafin zuwansu akwai kuɗin ƙasa, da kuɗin rafi a kan masu noman fadama, da kuɗin karofi a kan marina, wanda garin Maska da ya shahara a saƙa da rini ya san shi sarai, ga jangali a kan shanu, ga kuma zakka. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ma a Kitabul Farƙi ya lissafa jangali da kuɗin gari cikin abubuwan da ya zargi sarakunan Haɓe da su. Abin da Turawa suka yi bayan sun shiga Katsina a 1903 shi ne tattara waɗannan kuɗaɗe wuri guda, da ɗora su a kan rajista, da tilasta a biya su da sulalla maimakon wuri ko hatsi. Dokokin Lugga na 1904 da 1906 su suka shimfiɗa wannan tsari. Katsina kuwa ta zama filin gwaji. A zamanin Sarki Muhammadu Dikko, wanda ya hau mulki a 1906, jami'in Turawa H. R. Palmer ya fara tsarin Baitulmali a can, wanda daga baya sauran masarautu suka ɗauka. An kuma gwada awon gonaki da taki, inda malamai ke auna faɗin gona da sawu su yanka mata kuɗi. Hakimai da a da suke zaune a birni aka tura su gundumominsu su sa ido. Galadiman Katsina ya zauna a Malumfashi, Sarkin Maska kuma ya baro Maska ya koma Funtuwa.

Wanda yake son gane dalilin da ya sa a wancan zamani ba a san wani abu wai shi dakatar da karɓar haraji don mutum ya kai kuka ba, sai ya lura da yadda ake yanka kuɗin. Tsarin da ya fi daɗewa shi ne a ƙiyasta wa gari ko gunduma dunƙulallen adadi. Hakimi ya raba wa dagatai, dagaci ya raba wa masu unguwanni, mai unguwa ya raba wa magidanta gwargwadon yawan balagaggun maza da kuma yadda ake ganin ƙarfin gida. Wato bashin na gari ne, ba na mutum ɗaya ba. In aka sauke wa Tanko nauyinsa, ba Baitulmali ce za ta yi asara ba, maƙwabtansa ne za su cike giɓin, ko kuma mai unguwa ya cike daga aljihunsa. Kowa a wannan tsani yana da wanda yake tsoro a samansa. Dagacin da kuɗinsa ba su cika ba yana iya rasa rawaninsa, hakimin da ya yi jinkiri kuma sunansa ya shiga rahoton Di'o. A irin wannan gini, mai ƙorafi ba da hukuma kaɗai yake ja ba, da unguwarsu yake ja.

A kan takarda akwai ƙofar kai kuka. Mutum na iya zuwa gaban hakimi, ko fadar Sarki, ko ya tari Di'o idan ya fito rangadi. Sai dai a tuna wa ke zaune a gefen Di'o a ranar, kuma ta bakin wa maganar za ta bi. Tafinta ne zai juya ta, hakimin da ake ƙara yana wurin, gobe Bature zai hau dokinsa ya wuce, talaka kuma ya kwana a garin. Wanda ya ƙi biya, kotun alƙali ce za ta hukunta shi, kotun da ke ƙarƙashin En'e ɗin da ke bin sa kuɗin, kuma lauya ba ya shiga cikinta. Gidan yarin ma na En'e ne, haka 'yan doka. An yi shekarun da aka rage wa wasu garuruwa haraji saboda fari ko fara, wannan gaskiya ne, amma rangwame ne da ke saukowa daga sama in an ga dama. Ba wani hakki ba ne da magidanci zai tsaya a kansa ya ce a dakata sai an ji ta bakinsa.

A gidanmu akwai labarin da kakata ta sha ba mu. Ƙanin kakanmu ya tafi Kurmi cin rani a shekarun 1950 bai dawo ba, amma sunansa ya ci gaba da fitowa a rajistar gidan. Shekara biyu kakanmu yana biya wa mutumin da ba ya nan. A ta uku ya ce ba zai biya ba sai an gyara, aka ce masa ya biya tukuna a duba daga baya. Da ya yi gardama aka zaunar da shi a rana a ƙofar gidan mai gari tun hantsi, har sai da aka kai jakinsa kasuwa. Daga baya an cire sunan, domin dai gaskiya tana gefensa. Jakin ne bai dawo ba, kuma da shi yake kai taki gona. Kakata ba ta taɓa ba da labarin a matsayin na zalunci a ƙiyasi ba. Kullum abin da take nanatawa shi ne, da an jira mako biyu.

Wannan batu na lokaci ya fi tsanani a ƙasar auduga. Ƙungiyar masu noman auduga ta Birtaniya, BCGA, wadda aka kafa a Manchester a 1902, ta gina gidajen gurzar auduga a Funtuwa da Malumfashi, kuma a ƙarshen shekarun 1920 layin dogo daga Zariya ya ratsa Funtuwa ya isa Ƙaura Namoda a 1929. Haraji da sulalla yana daga cikin abin da ya tura manoma ga shuka audugar sayarwa, tun da dawa ta ci ce, kuɗi kuwa sai an kai kaya sikeli. Ana karɓar haraji ne da kaka. Manomin da aka matsa wa kafin audugarsa ta shiga kasuwa, hanyoyi biyu gare shi: ya fitar da hatsi a lokacin da ya fi kowane lokaci araha, ko ya karɓi bashi a hannun ɗan kasuwa a kan amfanin da bai girbe ba, irin bashin da ake kira falle. Hatsin da ya sayar da arha a Disamba, shi zai saya da tsada a tsakiyar damina. Michael Watts, wanda littafinsa na 1983 kan yunwa a arewacin Najeriya ya dogara sosai da binciken da ya yi a ƙasar Katsina, ya nuna yadda tsaurin lokacin haraji ya riƙa raunana gidaje a shekarun fari. Ko da a ce an mayar wa irin wannan manomi kuɗinsa bayan wata shida, ihu ne bayan hari. An mayar masa da sulallansa, amma ba a mayar masa da rumbunsa ba.

Don haka ba abin mamaki ba ne da haraji ya zama ɗaya daga cikin manyan makaman NEPU tun kafuwarta a Kano a watan Agustan 1950. Gyare-gyare sun zo a hankali. Dokar haraji ta Jihar Arewa ta 1962 ta bambance harajin jama'a da jangali da harajin kuɗin shiga na mutum ɗaya. A ƙarshen shekarun 1960 aka karɓe kotuna da gidajen yari da 'yan doka daga hannun En'e, gyaran ƙananan hukumomi na 1976 kuma ya ƙarasa rage ikon sarakuna. Sai a watan Oktoban 1979 gwamnonin PRP biyu, Balarabe Musa a Kaduna, wadda Funtuwa da Malumfashi ke cikinta har zuwa 1987, da Abubakar Rimi a Kano, suka soke haraji da jangali.

Ina ganin akwai wani abu da ba a cika faɗa ba game da wannan nasara. An soke harajin, amma ba a taɓa gina al'adar jayayya da shi ta hanyar doka ba. Talaka ya tashi daga biya ba tare da tambaya ba zuwa rashin biya gaba ɗaya, bai taɓa zama a tsakiya ba, inda mutum ke karɓar takardar ƙiyasi, ya karanta, ya rubuta ƙin amincewa, ya jira hukunci. Da kuɗaɗen suka dawo da wasu sunaye, kuɗin raya ƙasa, kuɗin rumfa, kuɗin lodi, kuɗin kara, sai suka dawo da tsohon halinsu. Dokar soja ta 1998 da ta jera harajin da kowane matakin gwamnati zai iya karɓa ta hana kafa shinge a hanya don karɓar haraji. Direban da ya taɓa ɗauko masara daga kasuwar Dandume ya nufi kudu shi zai faɗa maka ko an bi wannan.

Alhali kuwa a dokar harajin kuɗin shiga an daɗe da rubuta amsar tambayar da muka fara da ita, kuma amsar tana gefen mai biya. Dokar harajin kuɗin shiga na ɗaiɗaikun mutane ta 1993, wadda aka yi wa babban gyara a 2011, ta bai wa mutum kwana 30 daga ranar da takardar ƙiyasi ta same shi ya rubuta ƙin amincewa da dalilansa. Sashe na 68 ya ce idan an shigar da ƙin amincewa ko an ɗaukaka ƙara, karɓar kuɗin zai tsaya har sai an yanke hukunci, sai dai hukuma na iya karɓar ɓangaren da ba a jayayya a kansa. Tsohuwar dokar harajin kamfanoni ma ta tanadi makamancin wannan. Kama kaya ko rufe shago kuwa, sashe na 104 ya jingina shi ga ƙiyasin da ya riga ya tabbata, wato wanda kwanakinsa suka wuce ba a ƙalubalance shi ba ko aka gama shari'arsa, kuma gyaran 2011 ya sa sai an nemi izinin alƙalin babbar kotu. Da wannan doka ce ke aiki a ƙofar gidan mai garin nan, da jakin kakanmu ya kwana a turkensa.

Wurin kai ƙarar shi ne kotun ƙararrakin haraji da dokar kafa hukumar FIRS ta 2007 ta tanada, wadda ta fara aiki a 2010. Tana da mazauni takwas a faɗin ƙasa, na shiyyar arewa maso yamma yana Kaduna. A nan ma akwai abin lura. Jihohi bakwai, daga Kebbi zuwa Jigawa, zaure ɗaya. Ga kamfanin sadarwa wannan ba komai ba ne. Ga mai injin casar shinkafa a Funtuwa ko dillalin hatsi a Bakori, tafiya ce ta Zariya zuwa Kaduna, da kuɗin lauya ko akanta, da ɗage zama. Da yawa sukan zaɓi a sasanta a ofis, wanda sau da yawa ma'anarsa ba ta da alaƙa da abin da doka ta ce a biya.

Sai kuma a 2021 aka yi yunƙurin juya ƙa'idar daga sama. A shekarar, ministar kuɗi Zainab Ahmed ta sa hannu a kan sababbin ƙa'idojin wannan kotu, waɗanda suka ce mai ɗaukaka ƙara sai ya ajiye rabin kuɗin da ake jayayya a kansu kafin a saurare shi. Babbar Kotun Tarayya ma ta fitar da umarnin aiki mai irin wannan sharaɗi a shekarar, sannan ƙa'idojinta na 2022 suka nemi a ajiye dukan kuɗin da aka yanke kafin a ɗaukaka ƙara gabanta. Rigimar da ta fito da girman lamarin fili ita ce ta kamfanin MultiChoice, mai DStv. FIRS ta ce tana bin sa naira tiriliyan 1.8, kuma da kotun haraji ta Legas ta ba da umarnin ajiya a watan Agustan 2021 bisa wani tanadi na dokar 2007, hukumar ta sanar cewa abin nufi shi ne naira biliyan 900. Kamfanin ya ce ba haka tanadin yake ba, ya ajiye naira biliyan 8, kuma a watan Oktoba kotun ta amince ya cika sharaɗi. A watan Fabrairun 2024 aka sasanta a kan naira biliyan 35.4. Mai karatu ya kwatanta wannan adadi da tiriliyan 1.8, sannan ya tambayi kansa abin da zai faru da kamfanin da ba shi da lauyoyin da za su tsaya masa a kan fassarar sakin layi ɗaya.

Babban lauya Joseph Daudu, tsohon shugaban ƙungiyar lauyoyi ta ƙasa, shi ya kai waɗannan ƙa'idoji kotu. A watan Nuwamban 2023 Mai Shari'a James Omotosho na Babbar Kotun Tarayya a Abuja ya soke sharuɗɗan ajiyar, bisa hujjar cewa sun tauye hakkin sauraro da na ɗaukaka ƙara da tsarin mulkin 1999 ya ba kowa. Shi ya sa da batun kashi 20 ya ɓullo a Disamban 2025, lauyoyin haraji suka gane fuskar nan take.

Idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Hukumomin haraji suna da hujjar da ba za a yi watsi da ita ba. Najeriya na cikin ƙasashen da ke tara haraji kaɗan idan aka gwada da girman tattalin arzikinsu, shari'a tana ɗaukar shekaru, kuma a ƙasar da darajar naira ke zubewa, wanda ya riƙe kuɗin gwamnati shekara biyar yana ɗaukaka ƙara ya ci riba ko da a ƙarshe ya faɗi. Wasu ƙasashe sun karkata ga wannan gefe. Kotun tsarin mulkin Afirka ta Kudu a shari'ar Metcash ta 2000 ta amince da ƙa'idar a biya yanzu a yi gardama daga baya, ko da yake dokarsu ta 2011 ta ba hukuma damar jingine karɓa idan an nema. A Indiya, a 2017 aka tsara cewa a ajiye kashi 20 cikin ɗari kafin a dakatar da bin sauran. Wasu kuma sun bi ɗaya hanyar. Amurka ta kafa hukumar sauraron ƙararrakin haraji a 1924 musamman don mutum ya iya jayayya kafin ya biya, kotun tsarin mulkin Italiya kuma ta soke ƙa'idar biya kafin ƙara a 1961, tana mai cewa ta raba mai kuɗi da maras kuɗi a gaban shari'a.

Ra'ayina shi ne, sharaɗin ajiya yana da ma'ana ne kawai a inda ƙiyasin farko abin dogaro ne, kuma mayar da kuɗi abu ne mai sauri. A wurinmu duka biyun suna da rauni. Yawancin 'yan kasuwar hatsi da auduga ba su da littattafan da akanta ya duba, don haka jami'i ne ke ƙiyasta musu abin da yake ganin sun samu, wani lokaci daga yawan buhunan da ya gani a sito ko kuɗin da suka ratsa asusun banki. Amma kuɗin da ke ratsa asusun dillali ba nasa ba ne, na masu kaya ne, ladansa ɗan kaɗan ne a kan kowane buhu. A ce an yanka wa wani ɗan kasuwa a Dandume naira miliyan 30, shi kuma ya yarda da miliyan 3 kacal. A ƙarƙashin sashe na 68 zai biya ukun, sauran miliyan 27 su jira hukunci. A ƙarƙashin ƙa'idar 2021 da sai ya nemo miliyan 13 da rabi kafin a buɗe fayil ɗinsa. Jarinsa kuwa duk yana cikin masarar da ya saya da kaka don ya sayar da bazara. Ba shi da inda zai samo su sai ya buɗe sito a watan da bai kamata ba. Kuma duk lokacin da aka ɗaura ajiya a kan kaso na adadin da hukuma ta faɗa, an ba wanda ke rubuta adadin ikon yanke tsadar ƙofar kotu. Maganin mai ɗaukaka ƙara don ɓata lokaci ya kasance a cikin tsohuwar dokar 2007, wadda ta bar wa kotu damar umartar ajiya idan hukuma ta nuna mutum bai miƙa bayanan kuɗinsa ba ko ƙararsa ta wasa ce. Wannan hukunci ne da alƙali ke yi bayan ya duba mutum ɗaya, ba kuɗin shiga da aka ɗora wa kowa ba.

Dokoki huɗun da Shugaba Bola Tinubu ya sa wa hannu a ranar 26 ga Yunin 2025 suna da abubuwan da za su amfani irin mutanen da nake magana a kansu. Naira dubu 800 na farko na kuɗin shigar mutum a shekara babu haraji a kansu, abin da zai fitar da ƙananan manoma da dama daga lissafi. An ƙirƙiro ofishin mai sauraron koken masu biyan haraji. An bar kwana 30 na ƙin amincewa, aka kuma ɗora wa hukuma wa'adin kwana 90 ta ba da amsa, in ba ta bayar ba a ɗauka ta karɓi ƙorafin. Wannan na ƙarshe ya fi burge ni, domin karo ne da agogo ke bugawa a kan hukuma, ba a kan talaka kaɗai ba. Tsohuwar dokar 1993 kuma ta kau daga ranar 1 ga Janairun 2026, tare da sashenta na 68.

Saboda haka akanta ko lauya ko shugaban ƙungiyar 'yan kasuwa da ke karanta wannan, idan kwafin dokar da majalisa ta tabbatar ya zo hannunsa, wurare biyu ya kamata ya fara buɗewa: inda aka yi maganar abin da ke faruwa da karɓar kuɗi bayan an shigar da ƙin amincewa, da sashe na 41 na dokar gudanar da haraji, inda aka yi takaddamar kashi 20. Ga wanda takardar ƙiyasi ta riga ta iso shagonsa kuwa, ya rubuta ranar da ya karɓe ta a bayanta, ya amsa a rubuce ba da baki ba, ya faɗi adadin da ya yarda da shi ya biya, ya kuma tabbatar an buga masa hatimin karɓa a kwafinsa kafin kwana na 30 ya cika.